Na Yi Wa Fim Ban Ruwa

Aji uku na yi a makaranta, amma duk unguwar Umbadda ta Omdurman babu wanda ya fi ni sanin fim. Ban faɗi don alfahari ba. Shekara ashirin da wani abu ina ɗaukar ƙafar kyamarar wani Bature ɗan Makedoniya, ƙasar da har yau ban gano inda take a taswira ba. Hawaja nake kiransa, yadda ake kiran Bature a nan, shi kuma ya ce da ni Alhaji, duk da kakana ne ya nufi Makka ya tsaya a hanya.

Aikinsa jira ne. Sai mu kafa kyamara a bakin kogi tun azahar, ya zauna yana kallon sama kamar mai duban wata. Masu jirgin ruwa su wuce, ya ƙi ɗauka. Sai la'asar ta yi sanyi, haske ya kwanta a kan ruwa, sannan ya tashi ya ɗauki abin da bai wuce minti biyu ba. Haka ya ɗauki kasuwar raƙuma, da masu buga tubali, da matan da ke gasa kisra, gurasar nan ta dawa. Ya ce fuskar baƙin mutum ba ta son rana tsaka, farin rawani ke cinye ta.

Da sojoji suka hau mulki, kyamara ta zama abin tuhuma. Ko jaki za ka ɗauka sai da takarda. Hawaja ya haɗa kayansa zai tafi, amma aka ce fim ba ya fita sai an duba shi ɗaya bayan ɗaya. Sai ya kawo gwangwanayen fim arba'in da ɗaya gidana, aikin rayuwarsa ke nan, ya ce in ajiye. Umarni ɗaya ya bar min: zafi ne maƙiyin fim, kada in bari su yi zafi.

To, a Omdurman hanya ɗaya muka sani ta sanyaya abu. Yadda ake yi wa randa. Na jera su a ɗakin baya, na lulluɓe su da buhunan gawayi wankakku, kullum bayan azahar in yayyafa musu ruwa. Shekara shida ban yi fashi ba. Ranar da mai jaki bai kawo ruwa ba, na alwalata nake ragewa. Matata ta ce ɗakin na warin tsami, na ce mata ba ta san ilimi ba.

Hawaja ya dawo da sanda, gashi duk ya zube. Ya ce ƙasarsa ma ta rabu, takardar tafiyarsa ta canza launi. Na kai shi ɗakin ina ɗaga kafaɗa, na janye buhunan a gabansa, suna ɗiga.

Ya daɗe yana kallon buhunan. Ya tambaye ni sau nawa nake jiƙa su, na gaya masa. Murafen sun yi tsatsa, sai da wuƙa. Fim ɗin cikin na farko ya manne kamar alewa. Na biyu haka. Bai yi faɗa ba. Ya zauna a ƙasa yana buɗewa yana turewa gefe, ni ina miƙa masa, kamar masu tsince tumatir.

A na talatin da wani abu ya samu ɗan guntun fim da bai lalace ba, bai kai kamu ɗaya ba. Ya fita tsakar gida ya ɗaga shi sama, ya ce in zo in gani. Wani mutum ne a bakin ruwa, rabin jikinsa tabo ya cinye.

"Hasken ya yi, Alhaji," in ji shi.

Na ce ya yi.

Ya naɗe shi ya sa a aljihun riga. Na tambaye shi sauran fa, in ci gaba da yayyafa musu ruwa?

"A'a. Ka huta."

Washegari bayan azahar na ɗebo ruwa a buta, sai da na kai bakin ƙofar ɗakin na tuna. Na zuba wa kaji.