Illa Mai Tukunya da Allurar Leda

A Matameye in an ce Illa mai tukunya, ba mai dafa abinci ake nufi ba. Tukunyarsa ta ƙarfe ce mai murfi, tana zaune kan duwatsu uku a bayan gidan likita, abin da ake dafawa a cikinta kuwa allurai ne da sirinjin gilashi da almakashi. Shekara goma sha tara ya yi yana wannan aiki kafin abin da za a ba da labarinsa ya faru. Da ya dawo daga sallar asuba zai hura wuta, ya jera kayan, in ruwa ya tafasa ya ba shi minti ashirin cif da agogon hannunsa. Allurar da ta dakushe ya wasa ta a dutse. Da awartaki yake tsamo kayan, kuma ko Majo Lawwali, shugaban ma'aikatan wurin, ba ya ɗaga murfin nan sai Illa ya ce ya yi.

Bai yi lakwal ba, wato makarantar boko. Faransancinsa na kunne ne, ya tsince shi lokacin da yake yi wa wata likita Baturiya tafinta a farkon aikinsa. Baƙaƙen boko kuma a ajin yaƙi da jahilci ya koye su, yana haɗa su ɗaya bayan ɗaya da yatsa. Cikin kalmomin da ya tsinta akwai wadda ta zauna masa daram. Wata rana wani mutumin Tsauni ya kawo matarsa, shekara tara da aure ba haihuwa. Baturiyar ta duba ta, ta juyo ga Illa ta ce, "Siteril," ta roƙe shi ya faɗa musu a hankali. Ya laluba Hausarsa duka bai sami kalma mai taushi ba, ya ce juya. Bai taɓa manta yadda matar ta ja mayafi ta rufe fuska ba.

Damina ta 1984 ta zo ba ruwa. Gero ya tsaya iya gwiwa ya ƙone a tsaye. Najeriya ta rufe iyaka, mazan da suka saba tafiya cin rani Kano da Kaduna suka zauna gida suna kallon rumbu. Soja ke mulki, don haka ba a cewa yunwa da ƙarfi, sai dai a ce shekara ta yi wuya. Mutanen ƙauyuka suka cika gefen gari suna jiran rabon jar dawa. Duk mai aikin gwamnati, ko na share fili ne, ya riƙe aikinsa da hannu biyu.

Cikin wannan hali wata mota ta sauke kwalaye a gidan likita, na taimako daga ƙasashen waje, don rigakafin ƙyanda. Majo ya yanka kwali ɗaya ya zaro wani abu mara nauyi: sirinji na roba da allurarsa, a kulle cikin leda, gefe ɗaya takarda, gefe ɗaya kamar gilashi.

"Baba Illa, zo ka ga zamani," in ji Majo. "A ɓare, a yi wa yaro ɗaya, a jefar. Ba wuta, ba itace. Tukunyarka ta sami hutu, sai mu ba matarka Salamatu ta riƙa dafa wake."

Ma'aikata suka yi dariya, Illa ma ya yi. Da suka shiga ciki ya ɗauki leda ɗaya ya koma inuwar bango. Akwai sunan ma'aikatar da ta yi ta da garinsu, waɗanda bai iya furtawa ba. Amma a tsakiya, da manyan baƙaƙe, akwai wata gajeriyar kalma. Ya bi ta da yatsa sau biyu. Siteril. Ya ɗauko wata ledar, ita ma haka. A jikin kwalin ma haka, har da harsuna uku.

Gabansa ya faɗi, wannan gaskiya ne. Amma akwai wata gaskiyar da ya daɗe bai faɗa wa kowa ba: a ƙarƙashin tsoron ya ji wani sanyi. In dai abin nan mugu ne, to tukunya ba ta mutu ba. Majo yana taku goma daga inda yake zaune. Malam Garba, malamin lakwal da ya yi karatu har Yamai, katanga ɗaya ce tsakanin gidansa da na Illa. Bai tambayi ko ɗayansu ba.

Matarsa Salamatu ya faɗa wa, suna cin tuwon jar dawa da la'asar.

"Kada ki kai 'yarmu Sa'a wurin allurar nan ta leda."

"Don me, maigida?"

"An rubuta a jiki. Juya take mai da 'ya mace. Ni na karanta da idona. Amma ki riƙe bakinki, kin san zamanin da muke ciki."

Salamatu ta riƙe bakinta har zuwa rijiya. Can ta faɗa wa ƙanwarta kawai, don ita ma tana da 'ya'ya mata. Kafin ranar kasuwa maganar ta kai Yauri da ke nan kusa, ta dawo da ƙari: wai Turawa sun ga abinci ba ya isa, sun ce a rage masu ci. Ba wanda ya san daga ina ta fito. An dai ce wani na cikin gidan likita ne ya karanta.

Ranar da aka fara rigakafi mai shela ya zaga gari, mata suka fito don ba a ƙin kiran hukuma. Amma Majo ya lura da wani abu: kusan duk yaran da ke layi maza ne.

"Ikon Allah," ya ce. "Matameye ta daina haihuwar mata ne? Hadiza, ina 'yan biyunki?"

Hadiza mai ƙosai ta gyara goyo. "Suna barci, Majo."

"Su biyun? Da hantsi?"

"Yunwa ce, ba ta san hantsi ba." Ta sunkuyar da kai, sannan ta ce, "In dai da allurar Baba Illa ce, ta tukunya, sai in je in tashe su."

Mata suka ɗauka gaba ɗaya: ta tukunya, ta tukunya. Majo ya yi faɗa, ya yi lallashi, ba wadda ta gaya masa dalili, don ba mai son a ce ita ta zagi kayan gwamnati. Daga ƙarshe ya ɗaga hannu ya ce Illa ya hura wuta.

Illa ya hura. Ranar an kira sunansa fiye da kowace rana a rayuwarsa, kuma ya ji daɗi. Sai dai sirinjin gilashi goma sha huɗu ne gare shi, kowane zagaye minti ashirin ban da jiran tafasa da hucewa, itace kuma ya zama abin nema. Maganin a cikin akwatin ƙanƙara yake, motar da ta kawo shi kwana uku za ta yi ta wuce gaba. Mata suka yi ta zama a rana da 'ya'ya mata a cinya har magariba, a ce su dawo gobe. Sa'a ta samu, don ubanta ne mai tukunya. Da motar ta tashi, 'yan matan da aka yi wa ba su kai rabin waɗanda suka jira ba, ga kwalayen leda a jibge ba a taɓa rabinsu ba.

Ƙyanda ta shigo bayan wata biyu, ta sami yara ba ƙarfi a jiki. Ta fara da masu zaman gefen gari, ta shiga unguwanni. Masu haƙa kabari su suka fara cewa bana mata ake binnewa. Hadiza ta rasa ɗaya cikin 'yan biyunta. A gidan Malam Garba aka rasa 'yarsa Mariyama, shekararta huɗu, wadda takan leƙo ta kan katanga ta ce wa Illa ya ba ta kwalbar magani wofi ta yi wasa.

Kwana biyu bayan haka Illa yana kwashe toka, Majo ya fito ya zauna kan kwali, idanunsa sun yi ja don rashin hutu. Illa ya ɗauki leda ɗaya kamar mai share ta, ya ce, "Majo, wannan kalmar fa, me take nufi?"

Majo ya duba. "Siteril? Ai kai ya kamata ka gaya mini. Abin da ba ƙwayar cuta ko ɗaya mai rai a jikinsa. Abin da tukunyarka ke yi ke nan kullum. Su can a ma'aikata suke yi, su rufe a leda don kada iska ko hannu ya taɓa. In dai ledar ba ta huje ba, daidai take da abin da ka tsamo yanzu daga tafasasshen ruwa."

"Ba juya ba?"

"Haka ake faɗa wa macen da ba ta haihuwa ma, kalma ɗaya ce. A nan ƙwayar cuta ce ba ta haihuwa." Majo ya dube shi da kyau. "Baba Illa, me ya kawo wannan tambaya?"

Illa ya ajiye ledar a kan murfin tukunya. Shekara goma sha tara yana yin abu bai san sunansa ba, ranar da ya ga sunan a rubuce kuma ya ce wa mutane su gudu.

Zai iya yin shiru. Salamatu ba za ta tona ba, Majo kuma bai sake tambaya ba. Ga shi ana ta raɗe-raɗin hukuma na neman wanda ya ƙirƙiro maganar. Ya yi kwana ɗaya yana jujjuya abin. Ranar sadakar uku ya shiga zauren Malam Garba, ya jira har mutane suka ragu, ya matsa bakin tabarma ya durƙusa.

"Malam, maganar allurar leda, daga bakina ta fito. Ni na karanta, ban gane ba, ban kuma tambaya ba."

Malam Garba ya dubi tabarma. Da ya yi magana muryarsa ba ta tashi ba.

"Baba Illa, katanga ɗaya ce tsakaninmu. Da tari ka yi zan ji."

"Haka ne."

"Me ya hana?"

"Na ji tsoron ka ce mini ba haka ba ne."

Malamin ya gyaɗa kai a hankali, kamar wanda ɗalibi ya ba amsa daidai. Sannan ya ce, "Uwar Mariyama ta faɗa mini maganar tun ranar farko. Na yi dariya, na ce zancen rijiya ne, na ɗauki littattafaina na tafi lakwal. Ban tambaye ta ko ta kai yarinyar ba." Ya miƙa masa buta don an kira la'asar. "In an dawo da rigakafi, kai za ka tsaya gaban mata ka faɗa. Ni zan tsaya kusa da kai in karanta."

Haka aka yi da motar ta dawo. Illa ya tsaya gaban layi, hula a hannu, ya faɗi abin da ya yi ba tare da ya rage komai ba. Ba wadda ta zage shi, abin da ya fi masa ciwo ke nan. Hadiza ta dube shi kawai, ta tura 'yarta da ta rage gaban Majo. An kira Illa ofis an yi masa tambayoyi yini guda, Majo ya tsaya masa, aka sake shi. Aikinsa ma bai tafi ba, don almakashi da kayan ɗinki ba su daina buƙatar tukunya ba.

Ya ƙara shekara goma sha ɗaya a wurin. Daga baya allurar leda ta cika ko'ina, har kan teburan masu magani a kasuwa, wasu daga Kano, wasu daga ƙasashen da ba a taɓa jin sunansu ba, masu kyau da na banza a haɗe. Bayan ya bar aiki, ranar kasuwa yakan bi teburan nan da sandarsa. Ya ɗauki leda ya matsa ta kusa da kunne, in ya ji iska na fita ya ce wa mai tebur, "Wannan ta huje, cire ta." Suna ce masa sufeto, suna tsokanarsa, amma suna cirewa.

In kuma aka kawo masa takarda ko kwalin magani aka ce, "Baba, kai da ka iya boko, me aka rubuta nan?" sai ya mayar wa mai ita, ya nuna gidan da ke bayan katangarsa.

"Je ka tambayi Malam. Mu je tare, ni ma in ji."