Hannuna ya maƙale a bayan fitilar mota

Jama'a, yau saura kaɗan in kwana cikin injin mota!

Za mu baro Bakura bayan la'asar, sai Yaya Sani ya ga ƙwan fitilar motar mai haska ƙasa ya mutu. Ga Inna za mu mayar Mafara kafin duhu. Ya sayo sabo, hannunsa ya ƙi shiga bayan fitilar.

"Zo, Hafsa, naki siriri ne."

Na zura, na ɗaura ƙwan. Fitowa fa? Warwarona ya maƙale! Rana tana ta sauka, ja kamar lalle, ni ina sunkuye.

"Kar ki ja, 'yar nan!" in ji Inna. Ta lakato man shanun tsarabarmu, ta shafe min wuyan hannu. Sulub, hannu ya fito!

Yaya ya kunna. Haske!

Alhamdulillahi, ana kiran magariba muka shiga gida.