Soso a Ƙarƙashin Tsirkiya

Har gobe ban manta da ranar da aka ba ni soso aka ce in toshe jitar Baba Terry ba. Lokacin ina ƙaramin ma'aikaci a sashen ɗaukar sautin fim, ni ke riƙe doguwar sandar makirufo a kan 'yan wasa. Sama da ni akwai ogan sauti, shi kuma yana bin umarnin mataimakiyar darakta, wadda lokacin kowa ke hannunta.

Ku yaran yanzu ba ku san Baba Terry ba. A zamaninsa, shi da ƙungiyarsa sukan ɗauki tsofaffin waƙoƙin ƙauyen Turawa su ɗora su a kan ganga da jitar lantarki, jama'a na rububin shiga kallo. Amma duniya rawar 'yan mata ce, na gaba ya koma baya. Da kasuwarsa ta mutu sai ya riƙa fitowa jefi-jefi a fim, yau maigadi, gobe kakan wani. A ranar, da safe muka ɗauko shi daga ɗan ɗakinsa a unguwar Gorton muka kama hanyar birnin Birmingham, inda zai fito a matsayin makaɗin bakin titi a ƙarƙashin wata gada.

A mota ya gaya mini abin da ya sa ya karɓi aikin. Akwai waƙar da ya yi wa matarsa bayan rasuwarta, bai taɓa naɗar ta ba, kuma an yi masa alkawarin sa ta a fim ɗin. Ya nuna mini yatsunsa, duk gaɓoɓin sun kumbura.

"Likita ya ce sun kusa daina lanƙwasuwa," in ji shi. "Idan ban yi ta yanzu ba, shi ke nan."

Ƙa'idar aikinmu ita ce, idan 'yan wasa suna magana, komai sai ya yi tsit. Mai rawa ba a sa masa kiɗa, mai tafi ba ya haɗa tafukansa. Kiɗa kuwa daban ake ɗaukarsa bayan an gama hoto. Shi ya sa na durƙusa na cusa soso a ƙarƙashin tsirkiyoyin. Bai yi musu ba, ya san dokar tun kafin a haife ni.

Sai dai kyamara tana ganin yatsu. Tsohon nan kuma bai iya algus ba: duk ɗauka sai ya danne tsirkiya da gaske, ya kaɗa waƙar daga farko har ƙarshe, ba sauti. Ga sanyi, ga iska tana ratsowa ta ƙarƙashin gadar. A ɗauka, a sake, a juya kyamara, a sake.

Direbanmu Malam Awudu, mutumin Kumasi, ya ja ni gefe. "Ɗan'uwa, hannun dattijon nan ya yi freeze fa, ya sandare. Ka ce wa madam ta ba shi break mana."

Na gaya wa oga, oga ya gaya wa mataimakiyar darakta. Ko ɗagowa ba ta yi ba. "Haske na tafiya. Sauti ya jira."

Da yamma aka gama hoto, ta ce to, mu ɗauki waƙarmu kafin a kwashe kaya. Ihu bayan hari. Na zare soson, na kafa makirufo, kowa ya yi shiru. Ya ɗora hannu, yatsun suka ƙi rufuwa. Ya hura musu iska, ya cusa su a hammata, ya sake gwadawa. Tsirkiya ta yi wata irin ƙara kamar ƙofar kwano. Ni da ke sanye da abin ji a kunne, har rawar numfashinsa ina ji. Wallahi ji na yi kamar in jefar da sandar in tafi.

"A kashe," Baba Terry ya ce a hankali. Aka kashe.

Kiɗan wani aka saya aka liƙa a wurin. Bayan 'yan watanni na ji ya sayar da jitar.

Abin da na koya shi ne, sana'ar nan ba sai da mugu take cinye mutum ba. Kowa a wurin aikinsa yake yi. Tun da na zama oga, duk makaɗin da aka kawo mini, sautinsa nake fara ɗauka da safe, ko darakta zai yi ta kumfar baki. Ku ma ku riƙe wannan. Waƙar Baba Terry tana nan a fim ɗin, yatsunsa suna kaɗa ta daidai, amma babu wanda ya taɓa jin ta.