Ranar Haihuwar Chedilal

A takarda, duk 'yan ajinmu a ƙauyen Barkheda rana ɗaya aka haife mu: ɗaya ga Yuli. Iyayenmu ba su ajiye lissafin ranaku ba, hedimasta kuwa ba ya son wahalar tunani, sai ya raba mana rana guda, kowa ya samu.

Chedilal Maurya, ɗan ajinmu, ya shekara talatin da takwas a aikin gwamnati yana buɗe ƙofar ruwan noma yana rufewa, bai taɓa jin ciwon wannan rana ba sai da ya cika sittin. Dokar aiki ta ce wanda aka haifa ran ɗaya ga wata, ƙarshen watan da ya gabata zai ajiye aiki. Aka rataya masa furanni ran talatin ga Yuni, aka sallame shi. Washegari aka yi ƙarin albashin shekara, wanda da shi ake auna fansho. Kwana ɗaya ya raba shi da rupi ɗari huɗu duk wata.

Ya kai ƙara. Shekara tara ana ɗagewa, har mai shayin bakin kotu ya aurar da 'ya'ya biyu. Daga ƙarshe lauyansa, Awasthi, ya ce:

"Kawo wanda ya ga haihuwarka. Ko biyu ga wata ya ce, mun ci."

Chedilal ya ɗauko yayarsa Dulari a bayan keke, tsohuwa mai haƙori uku. Duk hanya yana bita mata: "Biyu ga Yuli, Yaya. Biyu."

Alƙali ya tambaye ta ko ta tuna ranar.

"Yaya zan manta, ɗana? Ni na dafa ruwan. Sanyi ake kamar me, ana tsakar yankan rake."

"Yuli, Yaya!" in ji Chedilal.

"Rufe min baki, mai kunnen jaki, kai kana ina a lokacin? Shekara biyu kafin babbar ambaliya ne. Da ruwan ya zo, da ƙafarka ka hau tudu, kana kuka kana neman gurasa."

Kowa a gundumar ya san shekarar ambaliya, ita ce kuma shekarar haihuwar Chedilal a takarda. Lauyan gwamnati, wanda ya shekara tara yana gyangyaɗi, ya farka ya ƙirga da yatsu. Ya ce in haka ne, mai ƙara ya zarce lokacin ajiye aiki da shekara biyu da rabi, kuma gwamnati za ta so ta ji labarin albashin da ya karɓa a tsakanin.

Chedilal ya miƙe ya haɗa tafuka.

"Ranka ya daɗe, tsufa ya taɓa ta. Jiya ma ta kira akuya da sunan mijinta."

A ranar ya janye ƙara. Dulari ta koma gida a motar haya.

Yanzu duk ɗaya ga Yuli yana raba alewa a unguwa. In ka taɓa marigayi hedimasta a gabansa, sai ya ce mutumin kirki ne, bai taɓa kuskure a rubutu ba.