Shaidar da Inna Ba Ta Bayar a Kotu Ba

Baba ɗan acaɓa ne tsakanin Kibiya da Rano, mutum mai taurin kai, Allah ya jiƙansa. A shekarun da aka hana 'yan acaɓa ɗaukar matan da ba muharramansu ba, wata safiya ya goya Inna zai kai ta Rano a cire mata haƙori. Masu tsare hanya suka tare su a bakin gari.

Baba ya ce matarsa ce. Ɗayansu ya dubi Inna ya ce, "To Hajiya, in mijinki ne, yaya sunansa?"

Inna Bafulatana ce daga Fassi. Tun da aka kai ta ɗakinta ba ta taɓa kama sunan Baba ba, sai dai "Malam". Ta ja mayafi ta sunkuyar da kai. Sau uku ana tambaya, ta yi gum. Suka tafi da babur ɗin.

Kafin la'asar magana ta zaga tasha: wai an kama Baba da macen da ko sunansa ba ta sani ba. Wannan ce ta ƙona masa rai, ba rashin babur ba. Ya kai ƙara kotu, yana so alƙali ya faɗa a gaban jama'a cewa iyalinsa ya ɗauko. Lauya ya ce to sai Inna ta tsaya ta ambaci sunan mijinta.

Ni ce babbar 'yarsu, na zo wankan gida a lokacin. Sau da yawa nakan tarar da ita a bayan rumbu tana tankaɗe, leɓenta na motsi. Na ce, "Inna, lazimi kike yi?" Ta ce, "Gidanku!" Na yi dariya, amma wallahi tausayinta ya kama ni.

Aka yi ta ɗage zama har damina biyu ta wuce. Ana haka aka mayar wa Baba babur ɗinsa, tare hanyar ma aka daina. Ranar ƙarshe Inna ta sa atamfar sallarta, muka shiga kotu tana riƙe da hannuna. Ba a ko kira ta ba. Alƙali ya ce tunda babur ya dawo, kamen kuma ya wuce, babu sauran abin yanke hukunci a kai. Ya kori ƙarar.

Baba ya miƙe. "Ranka ya daɗe, to mutuncina fa?"

Alƙali ya ce, cikin taushin murya, "Ka yi haƙuri, Malam."

Muka fito. 'Yan tasha da suka zo kallo suna tsaye a gindin darbejiya. Baba ya wuce su kai a ƙasa, ya nufi babur. Sai Inna ta saki hannuna, ta ɗaga murya ta kira shi da sunansa na yanka, har da na mahaifinsa.

Baba ya juyo, idonsa ya kawo ruwa, ya ce, "Na'am."

Ban ƙara jin sunan a bakinta ba har ya rasu.