Sikocin da Habu Ya Liƙa

Ranar Laraba ce ta farkon hutun bazara, shekarar da na cika goma sha ɗaya, wata bakwai da rasuwar Baba. Na dawo daga sayen burodi, na hau bene shida da ƙafa a gidanmu na Rillieux-la-Pape, a ƙasar Faransa, na tarar da Habu, ɗan Gwaggo Hadiza da ya zo mana hutu daga Saint-Denis, ya miƙe ƙafa a kujerar Baba yana cin gyaɗa. Jar fitilar injin bidiyo tana kunne, alamar yana naɗar kokawar Turawa da ake nunawa a talabijin. Kwalin kaset ɗin yana yashe a ƙasa. Ban buƙaci ɗauka ba, daga bakin ƙofa na gane rubutun Baba a jikinsa: Bajamushe.

Tun yana ɗalibi a Villeurbanne Baba ya naɗi shirin nan. Tarihin wani ɗan ƙwallon Jamus ne, gajere, mai cinyoyi kamar turmi, wanda ba ya wahalar da kansa da guje-guje. Sai ya tsaya a bakin raga ya ba mai tsaronsa baya, kafin ka ƙifta ido ya juya, ƙwallo ta shige. Har da wurin da aka sa shi waƙa a talabijin, yana tsaye ƙiƙam kamar wanda aka kama da laifi, kullum nan Baba yake dariya har da tari. Kowace Lahadi, in na gama wanke-wanke na ninke kayan shanya, sai mu zauna mu kalla. Ni ma gajeriya ce, yaran ƙasan bene ba sa zaɓata sai an rasa mai tsaron gida. Baba kuwa yakan ce, "Gajere ya fi kusa da ƙwallo, Bajamushiyata." A ƙarshen kaset ɗin akwai wasu minti huɗu da wani abokinsa ya ɗauka a wasan ɗaliban Nijar: Baba da koriyar riga, ya ba wani dogo baya, ya juya irin ta Bajamushen, ya ci, ya faɗi ƙasa yana dariya. Hotunansa muna da su, amma nan ne kaɗai yake motsi.

Duk yaron zamanin ya san kaset yana da ɗan harshe a bayansa, in an ɓalle shi injin ba zai yarda ya naɗi komai a kai ba. Baba ya ɓalle nasa tun kafin a haife ni. Saboda haka Habu ba shi da bakin cewa kuskure ne. Sai da ya buɗe durowar Inna, ya nemo sikoci, wato salatif, ya yanka, ya toshe ramin. Da na kashe injin na mayar da kaset baya, babu Bajamushe, babu koriyar riga, sai wasu ƙatti suna shaƙe juna.

"C'est rien, Ramatu, ba komai ba ne," in ji shi. "Tsohon kaset ne fa."

Na kai ƙara wurin Inna ina kuka. Ita ma idonta ya kawo ruwa, amma ta ce, "Taubashinki ne, ba a fushi da abokin wasa. Ki haƙura." Na ce na haƙura, da baki. Sikocin kuwa na ɓare shi a hankali na liƙa a cikin bangon littafina na lissafi. Na tsani Habu tsana ta gaske, kuma al'adar da ta hana ni zaginsa ita ta koya mini jira.

Shekara guda na yi ina jira. A hutu na gaba mu ne muka je Saint-Denis. Habu ya kai sha biyar, kuma in faɗi gaskiya, hannunsa yana kama ƙwallo, mai tsaron gida ne na kirki. Mahaifinsa ya shekara yana aron kyamara yana bin sa fili-fili, aka tara wasanninsa a kaset ɗaya don a aika wa wata makarantar horar da 'yan ƙwallo. An ɓalle harshen, an saka shi a ambulan, ba a liƙe ba, an ɗora bisa talabijin. Ranar Juma'a maza suka tafi masallaci, Inna da Gwaggo suna kicin suna fama da dambu. Na fito da littafina. Tsohon sikocin ya daina kamawa, sai da na danne shi da sabo, amma na rantse shi zai toshe ramin. A talabijin wata tsohuwa tana koyar da miyar albasa. Na zauna na naɗe ta tun daga yanka har sauke tukunya, da hasashen yanayi a bayanta. Na ɓare, na mayar da kaset farko, na saka a ambulan. Ranar Litinin aka kai shi gidan waya. Amsa ba ta taɓa zuwa ba.

Yau Habu direban bas ne, yana da 'ya'ya uku, muna gaisawa da Sallah har da tsokanar taubasantaka. Bara a wurin sunan 'yarsa na ji yana gaya wa baƙi, "Ko amsa ba su ba ni ba, wallahi." Ina zuba shayi a lokacin, na ci gaba da zubawa.

Yaran yanzu ba su san ana goge abu ya tafi ke nan ba. Duk ƙwallon da Bajamushen ya ci tana cikin wayata, har da waƙar tasa. Na ji an ce ya yi fama da ciwon mantuwa kafin ya rasu. Nakan maimaita wurin juyawarsa sau biyar, sau shida, ina neman bayan Baba a ciki, don na fara mance ko ta dama ya juya ko ta hagu. Na rama, ban kuma yi nadama ba, amma minti huɗun nan ba su dawo ba.