Farcen Kaka da Ruwan da Ya Huce

Har yau idan na ɗora ruwa a wuta don jiƙa ƙafa, sai wani tsohon haushi ya taso mini. Allah Ya yafe mini, Ya kuma ji ƙan wadda ta dasa mini shi. Kakata ce, mahaifiyar Baba. Sunanta aka sa mini, don haka babu mai kama sunana a gidanmu, kowa Takwara yake cewa, yadda ita take kirana.

A Talata Mafara muka tashi. Baba dillalin shanu ne, yau yana wannan kasuwa gobe yana waccan. Kaka 'yar Damaga ce, aure ya kai ta Morai, da mijinta ya rasu Baba ya ɗauko ta ta dawo wurinmu. Lokacin sanyi, in an ci tuwo an yi isha'i, Inna mahaifiyarmu takan kwaso garwashi a kasko ta ajiye ƙofar ɗakin Kaka. Nan muke zagayewa, ni da ƙanwata Rabi da 'yan matan maƙwabta, mu ji gatana, wadda a littafin makaranta ake kira tatsuniya. Kaka ta iya ta ƙwarai. In ta yi muryar kura, har akuyar gidan sai ta ɗaga kai.

Amma shekarar da nake ba da labari, da gatana Kaka ta yi ta wahalar da mu.

Farcen babban yatsanta na ƙafar dama ne. Tun tana budurwa saniya ta taka ta a wurin, daga nan bai ƙara fitowa daidai ba. Da ƙarfinta takan kankare shi da kanta. Da tsufa ya zo, ya yi kauri, ya koma ruwan ƙasa, ya lanƙwashe kamar ƙahon rago, bakinsa ya juya yana cin naman yatsan da ke kusa. Ga wani takalmin roba rufaffe da Baba ya sayo mata, ya matse ta, amma ba ta rabuwa da shi, tunda ɗanta ya sayo.

Ni na fara ganewa, don a ɗakinta nake kwana. Matar da na sani da doguwar tsayuwa a nafila, sai na ga tana sakaya ƙofa tana yin farilla a zaune. In ta gwada sujada, yatsun suka lanƙwasa, sai in ji ta ja numfashi ta haƙora. Wata rana na ga ɗigon jini a kan tabarmar sallarta, na je na gaya wa Inna.

To, wa zai yi mata magana? Baba ɗan fari ne. Kaka ba ta kama sunansa, ba ta haɗa ido da shi, shi ma gaisuwa ce kawai daga bakin ƙofa. Da Inna ta gaya masa, ya ce, “Ku lallaɓa ta,” ya ɗauki sandarsa ya fita. Inna kuwa suruka ce, ba ta taɓa zama tabarma ɗaya da Kaka ba. Ni kaɗai nake da bakin magana, tunda jika ce, akwai wasa tsakaninmu. Sai na zama 'yar aike tsakanin mutum biyu da ke jin tarin juna.

Inna ta shirya cewa a jiƙa ƙafar da dare a ruwan ɗumi da gishiri, da safe a rage farcen, don Kaka ta ce ba a yankan ƙumba da dare, tsiya yake kawowa. Daga baya na tambayi malamarmu ta Islamiyya, ta ce babu wannan a addini, amma wa ya isa ya gaya wa Kaka?

Daren farko Inna ta miƙo mini kwano, ta ɗaga murya. “Takwara, ce ma Iya ga ruwa nan, a sa ƙahwa.”

Kaka na zaune nan kusa, ta ji komai. “Ce ma uwakki na gode. Aje shi nan shi ɗan huce. Ko so take ta dahwa ni?”

Na ajiye. Ta gyara zama, ta ce yadda ta saba, “Ga wata nan tahe, ku ba ta wuri.”

Muka amsa, “Ta shigo ta zauna.”

Wani mai garken shanu ne, in ji ta, ƙaya ta soke shi a tsakiyar kasuwa. Ya sunkuya zai cire, wandonsa ya ɓarke, kasuwa duk ta kwashe da dariya. Nan take ya rantse ba zai ƙara sunkuyawa ba har abada. In sandarsa ta faɗi sai ya bar ta. A tsaye yake cin abinci, a jingine yake barci. Tunda ba ya kallon ƙasa, bai san ƙumbar ƙafarsa na tsiro ba. Ta yi tsawo, ta lanƙwashe, ta shiga ƙasa kamar saiwa. Ran nan ya tsaya hutawa gindin tsamiya, ya zo tafiya, ƙafa ta ƙi ɗaguwa.

Muna ta dariya, mun manta da kwano. Sai Kaka ta tsoma yatsa ɗaya na hannu a ruwan. “Ash! Ya yi sanyi. Wa ka sa ƙahwa ruwan sanyi da dare, in ba mai neman ciwon ƙashi ba? Sai gobe.”

Da safe Inna ta aike ni. Kaka ta ce, “An jiƙa ne da za a yanke?”

Haka muka yi ta yi, wallahi. Kowane dare Inna ta ɗora ruwa, kowane dare mutumin nan yana tsaye gindin tsamiya, gatana ta ƙi gaba. Yau wanzami ya zo, askarsa ta karye. Gobe maƙeri ya zo da gatari, mutumin ya ce ba a kansa ba. Jibi aka ɗaura masa igiya raƙumi ya ja, raƙumi ya durƙushe. Har gara aka gayyato, suka yi taro suka kasa naɗa shugaba, wannan kaɗai ya cinye dare guda. In na ce, “Kaka, ruwa fa,” sai ta harare ni. “Ke wagga ɗiya, kin cika katsalandan. Anka ba ki sunana, ba a ba ki haƙurina ba.” In Inna ta kawo shi da ɗan ɗumi kawai don kada a ce ya yi zafi, sai ta ce hayaƙi yake wari, a bari ya sha iska.

Inna kuwa ta ƙosa. A kan tukwane take hucewa. Ina jin ta a madafa tana kankare tukunya kamar za ta huda ta, tana cewa ƙasa-ƙasa, “Iccen da nika ƙonawa kan ruwan ga da ya dahwa wake buhu guda.” Ni ma na ƙosa. Ina son gatana, amma na fara jin wari in Kaka ta cire takalmi za ta kwanta, kuma da dunduniya take takawa. Aka yi suna a maƙwabta ta ƙi zuwa, ita da ba a taro babu ita.

Wani dare Rabi, wadda ba ta san komai ba, ta ce, “Kaka, to shi mutumin ga yaya yake salla, tunda ba ya sunkuyawa?”

Kaka ta ɗauki tsinke tana tona garwashi. Sannan ta ce, “Ku tashi ku kwanta.” Ranar ko ruwan ba ta taɓa ba.

Washegari da dare Inna ta kawo kwanon da kanta. Ba ta miƙo mini ba, ba ta kuma koma ba. Ta tsaya a bayanmu da shi a hannu. Kaka ta yi kamar ba ta gan ta ba, ta fara kawo wani sabon baƙo gindin tsamiya, wai mai kalangu ne zai yi wa ƙumba kiɗa ta fito da kanta.

Sai muka ji muryar Inna. “Takwara, ni ma na san gatanag ga. In hwaɗa muku ƙarshenta? Ƙumba ta ci nama, ƙahwa ta ruɓe, anka yanke ta. Har ya mutu bai ƙara kai goshi ƙasa ba.”

'Yan matan maƙwabta suka sunkuyar da kai. Ni kam na ɗauka yau Inna za ta kwana gidan iyayenta.

Kaka ta juyo, ta dubi Inna ido cikin ido, abin da ban taɓa gani ba. “Wa ya ba ki gatanata? Tawa ce, ni na san inda ta kwana!”

Inna ta durƙusa, kwanon na hannunta. “To Iya, a ƙarasa muna ita.”

Kaka ta mayar da ido kan garwashi. Da ta buɗe baki, babu muryar kura, babu ta raƙumi, tata ce kawai. Ta ce akwai wata mata da ke kawo wa mutumin nan ruwa kullum tun ranar da ya maƙale. Matar ɗansa ce. Bai taɓa ganin fuskarta ba, don gajera ce, kallonta sai an sunkuyar da kai. Rabi ta waiwaya ta dubi Inna, wadda ba ta kai kafaɗar Baba ba, sai na mintsini Rabi. Ranar, in ji Kaka, da kowa ya watse, mutumin ya ce da matar, “Ke, ni na rantse ba ni sunkuyawa. Amma ban rantse ba a sunkuya mani ba.”

Ta tsaya nan. Ta sa hannu ta zare takalmin robar a hankali, ta miƙo ƙafar.

“Ruwan ga ya huce?”

“Da sauran ɗumi, Iya.”

Da Inna ta matso da fitila ta ga wurin, sai ta yi salati. Yatsan ya kumbura, ya tara ruwa. Ta wanke shi a hankali, ta ce reza ba za ta taɓa wannan ba. Da Baba ya dawo ta tare shi tun a zaure, ban ji abin da ta gaya masa ba, amma da safe ya samo mota.

Ni na raka su asibiti. Wata ma'aikaciyar jinya ta sa wani abu kamar filaya ta rage farcen kaɗan-kaɗan, ta goge kaurinsa, ta wanke ciwon ta ɗaure, aka ba da magani. Aka gwada jinin Kaka, babu ciwon suga, alhamdulillahi, don ma'aikaciyar ta ce da akwai shi da maganar ta fi haka muni. Ta ce tsohon rauni kan sa farce ya fito a karkace, tsufa ya ƙara masa kauri, matsattsen takalmi ya danne shi cikin nama. Wani kuma ƙwayar cuta ce ke shiga ƙarƙashinsa, wannan sai an daɗe ana magani. Ta ce a riƙa tausasa shi da ruwan ɗumi, a yanke shi a miƙe, kada a tona gefe, a shanya tsakanin yatsu sosai bayan alwala. Kaka ta saurara har ƙarshe, sannan ta ce da ni, “Wagga ta hi uwakki surutu.”

Takalmin kuwa ta ce ba mai yar mata da shi. Sai Inna ta sa wuƙa ta yanke gabansa, yatsu suka sami iska. Haka Kaka ta yi ta yawo da shi har ta bar duniya.

Farcen bai taɓa yin kyau ba, sai dai ana ragewa yana dawowa, kuma Inna ce mai yi. Kunya ta koma inda take, suka ci gaba da aike na da magana suna kallon juna. Amma kafin sanyi ya wuce, na farka wata asuba na ga Kaka a tsaye kan tabarma, ta yi ruku'u, ta kai goshi ƙasa, yatsunta a lanƙwashe suna fuskantar alƙibla. Ta daɗe a sujadar nan. Na ja mayafi na yi kamar barci nake.

Ina yarinya na ɗauka gatanar girman kai ce, mutum ya ƙi sunkuyawa ya ga sakamako. Sai da na girma, na yi ciki na fari, na kasa kai hannu ga ƙafata, sannan na gane. Kaka ba ƙin sunkuyawa ta yi ba, kasawa ta yi. Bayanta ya ƙage, idonta ya rage, kuma matar da ta yi tatsa da daka da noma ba ta san yadda ake cewa “taimaka mini” ba. Duk daren da muke jin haushinta, hanyar faɗa take nema. Sanin haka bai hana ni jin haushin itacen da aka ƙona ba, gaskiya.

Yanzu a Bakura nake aure. Inna ta tsufa, ga ciwon suga, likita ya ce a kula da ƙafarta ƙwarai, kada reza, kada ruwa mai zafi, in an ga rauni komai ƙanƙantarsa a kawo ta. Farcenta ya fara kauri. Makon jiya na je Mafara da 'ya'yana, na haɗa ruwa na gwada shi da gwiwar hannuna, na ajiye gabanta. Matar nan, wadda ta kusa huda tukunya don haushi, ta dubi kwanon, ta jawo jikokinta jikinta.

“Aje shi nan shi ɗan huce, Takwara. Ku taho ku ji wata gatana.”

Na yi a'uziyya a zuciyata. Na buɗe jakata na fito da babban fulas, na dire shi kusa da kwanon inda za ta gan shi.

“Yi gatanarki, Inna, komai tsawonta. In ya huce akwai wani.”

Ta dubi fulas ɗin, ta dube ni, ta yi tsaki. Sannan ta zare takalmi.